Zauren Tambaya: Sunan da Aka Tarar a Akwatin Kaka

Wasiƙun wannan wata daga zangunanmu na Ghana kusan duk a kan suna suka tsaya. Ina jin rajistar katin ɗan ƙasa da cike takardun fasfo ne suka tono maganar, domin mutum sai an zaunar da shi gaban akawu an ce ya faɗi sunan mahaifi da na kaka, sannan yake tuna bai taɓa tambayar inda aka samo su ba. Na tsamo waɗanda amsarsu za ta amfani mutane da yawa. Sunayen masu tambaya na cire su kamar yadda muka saba, na bar unguwa kawai.

TAMBAYA: Assalamu alaikum Baba Malam. Ni ɗalibi ne, a Aboabo ta Kumasi aka haife ni, nan kuma aka haifi mahaifina. Hausa muke yi a gida. Bayan rasuwar kakata mun buɗe akwatin ƙarfen kakanmu, muka tarar da takardar sallamarsa daga soja. An rubuta sunansa na yanka, sai aka bi shi da "Grunshi". Abokaina sun samu abin tsokana, wai ashe mu ba Hausawa ba ne. Shin wannan ne sunan gidanmu?

AMSA: Wa alaikumus salam, ɗana. Kafin komai, nemi leda mai kauri ka adana takardar nan, ka kuma ɗauki hotonta a waya. Gidaje da yawa a zangon nan ba su da ko irinta.

Abin da ka gani aikin akawun bariki ne. Lokacin da Turawan Ingila suka yaƙi Asante a 1873 zuwa 1874, sun zo da sojojin da Kyaftin Glover ya tara daga Ikko, waɗanda ake kira Hausawan Glover. A 1879 aka kafa rundunar Gold Coast ta kanta, wato Ghana ta yanzu, jama'a suka ci gaba da ce mata rundunar Hausa. Sunan ya zauna, mutanen ciki suka sauya. Da tafiya ta yi tafiya, yawancin masu shiga daga arewacin ƙasar nan suke da ƙasar Mosi: Dagarti, Frafra, Kanjarga, Zabarmawa, Grunshi. Hausa ce harshen bariki, da ita saje yake yi wa kurtu tsawa, da ita ake cinikin koko, da ita ake neman aure. To dubi halin da akawu yake ciki. Ga Musa tuli a gabansa, ga Ali, ga Audu, ba mai suna na biyu irin wanda littafin Bature yake nema. Sai ya ɗaga kai ya ce, "Kai wane iri ne?" Abin da aka amsa masa shi zai rubuta. Ta haka Moshi da Wangara da Fulani da Dagarti suka shiga gurbin sunan mahaifi.

Masu irin wannan suna ba ƙananan mutane ba ne. Sojan da ya fara harba bindiga a ɓangaren Ingila a yaƙin duniya na farko, cikin Agusta 1914 a ƙasar Togo, sunansa Alhaji Grunshi. Wanda ya tare wa Kwame Nkrumah harsashi a fadar shugaban ƙasa ranar 2 ga Janairu 1964, ya rasa ransa a wurin, Salifu Dagarti ne.

Grunshi ɗin ma ba ƙabila ɗaya ba ce. Suna ne da maƙwabta suka laƙaba wa jama'u da dama, irin su Kasena da Sisala da Nuna, a kan iyakarmu da Burkina Faso. A shekarun 1880 mahayan Zabarmawa ƙarƙashin Babatu sun yi ta kai musu hari, aka kama na kamawa aka kai kasuwar bayi ta Salaga, wasu suka tsere suka sa kaki. Shekarar da ke jikin takardar da bakin tsofaffin gidanku su za su nuna maka ta wace hanya naka kakan ya biyo. In akwai gwaggo ko baba da ya rage, sayi goro ka je ka zauna, kada ka bari sai gobe.

Abokanka kuwa, tambaye su nasu sunan gidan. Bahaushe tun asali ba shi da sunan da zuri'a duka ke gado. Yana da sunan yanka, sai a ce ɗan wane, ko a jingina shi da sana'a, ko gari, ko wanda ya rene shi. A Najeriya makarantar boko ce ta riƙa liƙa wa yara sunan garinsu don a bambance su, shi ya sa aka samu Aminu Kano da Shehu Shagari da Abubakar Tafawa Ɓalewa. Babban malamin nan namu Alhaji Umaru, wanda ya rasu a Kete-Krachi a 1934, in ka ga cikakken sunansa a rubutun Larabci za ka tarar da Kabi da Kano da Salaga a jere: tushen gidansu, mahaifarsa, da inda ya zauna ya koyar kafin yaƙin Salaga na 1892 ya watsa garin. Alhassan Ɗantata, da aka haifa a Bebeji a 1877, ya yi fataucin goro a ƙasar nan, mahaifiyarsa ma ta zauna a Accra. Sunan da zuri'arsa ke amsawa har yau daga wata tsohuwa ce mai suna Tata, wadda ta rene shi.

Akwai kuma abin da manya ba su cika son tunawa ba. A Nuwamba 1969 gwamnatin Firayim Minista Busia ta ba baƙin da ba su da takardar zama mako biyu su bar ƙasa. Ina yaro lokacin, amma ban manta manyan motocin da aka yi ta lodawa da katifu da tukwane da turame ba. Bayan wannan, sunan da ke nuna Katsina ko Sakkwato ko Ilori ya zama kaya mai nauyi, gidaje da dama suka sauke shi suka tsaya a sunan yankan uba. A irin wannan rana, takardar da ke shaida mutum ya yi wa ƙasar nan soja abin ƙanƙamewa ce.

Hausancin zango ba a jini ake auna shi ba. Wanda ya tashi da Hausa a baki, aka yi masa suna da rago da wanzami, ya yi karatun allo, ba mai fitar da shi. Ko za ku mai da Grunshi sunan gidanku a takarda, wannan shawarar manyanku ce. Ni dai da nawa ne, da ban yar ba.

TAMBAYA: Malam, ina gaisuwa. Ni Bahausa ce daga Asawase, mijina ɗan Asante ne musulmi. Mun haihu ranar Juma'a, aka raɗa wa yaro Ibrahim. Amma surukata ba ta kiransa sai Kofi, har dangi sun ɗauka. Wata ƙawata ta ce sunan gunki ne. Hankalina ya tashi.

AMSA: 'Yata, Allah ya raya Ibrahim, ya kuma kwantar miki da hankali. Da a gidanku kakarsa ta wajen uwa ta ɗauke shi ta ce Ɗanjuma, za ki ji wani abu? Abin da surukarki take faɗa ke nan da harshenta.

Mu da Tonawa, kamar yadda kakanninmu ke kiran Asante, mun yi tarayya a wannan al'ada fiye da yadda muke zato. Ɗan Lahadi a wurinsu Kwasi ne, mace Akosua, mu muna da Ɗanladi da Ladi. Na Talata Kwabena da Abena, namu Ɗantala da Talatu. Na Laraba Kwaku da Akua, namu Bala da Larai. Yaa Asantewaa da ta jagoranci yaƙin 1900, da a zango aka haife ta Lami za a ce mata. Kwame kuma Ɗan'asabe ne. Namu sunayen ranakun daga Larabci muka same su, ke nan al'adar a wurinmu tare da Musulunci ta girma, har ta bi fatake ta shiga arewacin ƙasar nan, inda za ki ji mata masu suna Lamisi da Lariba da Asibi.

Har lissafin haihuwa muna yi iri ɗaya. Gidan da ake son sunan Annabi, sai a sa wa yara maza Muhammadu a jere, a bambance su da ƙirgar Larabci: Auwalu, Sani, Salisu, Rabi'u, Hamisu, har zuwa Tasi'u da Ashiru. Su ma suna da Mensah na uku, Annan na huɗu, Nkrumah na tara, Badu na goma. Marigayi Kofi Annan, wanda aka haifa a nan Kumasi ranar Juma'a 8 ga Afrilu 1938, ya kuma riƙe Majalisar Ɗinkin Duniya daga 1997 zuwa 2006, cikakken sunansa Kofi Atta Annan. Atta na nufin ɗan tagwaye, Annan kuwa ya zama sunan gidansu. Da ɗan Aboabo ne, da Ɗanjuma Rabi'u muke kiransa. Yanzu dai ƙirgar ta rikice a ɓangarorin biyu. Na san Sani da yake ɗan fari, don an yi wa kawunsa takwara.

Maganar ƙawarki tana da ɗan tushe, ba zan ɓoye miki ba. A tsohuwar aƙidar Akan, wato jama'ar da Asante ke cikinta, ana ɗaukar sunan rana a matsayin sunan rai, kowace rana da halinta, har ana cewa ɗan Juma'a mai yawo ne. Amma yau Kirista yana amsa Kofi, musulmi yana amsawa, ba wanda ya nufi komai sai ranar haihuwa. Musulmi kuma ba jiya suka zo garin nan ba. Baturen da ya ziyarci fadar Asantehene, sarkin Asante, a 1817 ya tarar da malamai suna rubuce-rubuce a can. In zuciyarki ba ta natsu ba, ku je wurin limaminku ke da maigidan, ya yi muku bayani. Shawarata ita ce kada ki yi faɗa da tsohuwa a kan wannan. Ke ki riƙa kiransa Ibrahim, shi ne aka yanka wa rago, shi ne kuma za a rubuta a takarda.

TAMBAYA: Malam, ni direba ne, ina zaune a Tafo. Sunana na yanka Abdullahi, amma tun ina yaro Bawa kowa ke kirana. Ƙanwar mahaifiyata kuma Ajuji ake ce mata. Yarana sun fara tambayata wai mu bayi ne? Na rasa amsar da zan ba su.

AMSA: Ɗan'uwa, naka mai sauƙi ne. Abdullahi ma'anarsa bawan Allah, Hausawa kuma sukan taƙaita su ce Bawa, musamman in yaron takwaran wani babba ne da ake jin nauyin kiran sunansa. Faɗa wa yaranka haka, ka ƙara musu da cewa ya zo a hadisi Abdullahi da Abdurrahman su ne sunayen da Allah ya fi so. Sarkin Gobir na zamanin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, wanda ake jin tsoronsa ko'ina, Bawa Jangwarzo ne sunansa.

Na gwaggonka shi ne mai labari, labarin kuma na hawaye ne. Macen da take haihuwa yaran suna komawa, ana ce mata mai wabi. In ta sake haihuwa, sai tsofaffi su yi dabarar nuna ba a damu da jaririn ba, wai ko mutuwa ta raina shi ta wuce. Na ga an yi a gidan da na tashi. Ungozoma ta naɗe jaririya a tsumma, ta fita da ita ta bayan gida, ta ajiye a gefen juji. Wata tsohuwa maƙwabciya da aka riga aka shirya da ita ta je ta ɗauko, ta shigo tana cewa, "Ku ga abin da na tsinta." Uwar tana ɗaki ta juya fuska bango, an hana ta ko leƙowa. Daga ranar yarinya ta zama Ajuji. Daga nan ne Ayashe ta fito, da Abarshi da Abarta da Barau, wato roƙo ake a bar wannan. Wani lokaci akan yi kamar an sayar da yaron a kan ɗan abin da bai taka kara ya karya ba, sai a kira shi Bawa. Hanya ta biyu ke nan da sunan yake zuwa. Sarkin da aka sa wa garin Suleja sunansa a Najeriya, Sulaimanu Barau ake ce masa, ka ga sunan bai hana shi sarauta ba.

Asante ma haka suke yi. Yaron da aka sha binne yayyensa sukan sa masa Sumina, wato juji, daidai da Ajujinmu, ko Donkor, wato bawa, har a yi masa tsaga a fuska. Na san abin da ya sa maganar ta fi zafi a Kumasi: da wannan kalma ake kiran mutanen da aka sayo daga arewa a da, har yau kuma akan jefi ɗan zango da ita in faɗa ya yi faɗa. Amma Donkor da yawa da kake gani a kan allunan shaguna, kakarsu ce ta gaji da kuka.

Ba na cewa a dawo da kai yara juji. Ajali ba a yi masa wayo. Abin da ya rage wabi shi ne riga-kafi da gidan sauro da awon ciki. Da yawa daga waɗancan yara abin da ya ɗauke su zazzaɓin cizon sauro ne ko amosanin jini, wanda asibiti ke ce wa sikila. A ƙasar nan kusan jarirai 2 cikin 100 da shi ake haifarsu, kuma a nan Kumasi aka fara gwada jarirai tun ranar haihuwa a 1995. Masu shirin aure su je a duba jininsu. Gwaggonka kuwa, ka kai yaran su gaishe ta, ta ba su labarin da bakinta.

TAMBAYA: Malam, daga Nima nake rubutowa. Ɗana ɗan tagwaye ne, Husaini. A takardar haihuwa an rubuta Fuseini, a makaranta Huseini, a katin asibiti Husein. Yanzu zai nemi fasfo an ce sunayen ba su dace ba. Wanne ne daidai?

AMSA: Hajiya, duka ukun mutum ɗaya ne, jikan Manzon Allah, amma kwamfuta ba ta san haka ba.

Kafin Hausawa su yawaita a ƙasar nan, Wangarawa sun riga sun kawo Musulunci Gwanja da Dagomba da Wa, kowane harshe kuma ya lanƙwasa sunayen yadda bakinsa zai iya. Husaini ya zama Fuseini, Muhammadu ya zama Mahama, Abubakar Bukari, Ibrahim Braimah, Sa'idu Seidu, Abdurrahman Dramani. Marigayi Aliu Mahama, musulmi na farko da ya zama mataimakin shugaban ƙasa daga 2001 zuwa 2009, Aliyu Muhammadu ne in da a Kano yake. John Dramani Mahama Kirista ne, amma sunayensa biyu na ƙarshe na musulmi ne, don daga Gwanja gidansu yake. Mu ma ba mu tsira ba: Mukhtar muka mai da shi Muntari, Sulaimanu Sule, ga ɗan ƙwallo Sulley Muntari nan duniya ta san shi da su. Ko musayar "f" da "h" ɗin a bakinmu take, wani ya ce huɗu wani ya ce fuɗu. Sai kuma akawun da ba musulmi ba ya zo ya rubuta abin da kunnensa ya ji, Hadiza ta koma Adiza, Habiba Abiba, Hajara Ajara.

Abin yi shi ne ku zaɓi rubutu guda ku tsaya a kansa. Ku duba takardar da ta fi wuyar gyara, galibi ta jarrabawa ce, ku sa sauran su bi ta. Ana yin takardar rantsuwa a gaban mai ikon rantsarwa cewa sunayen nan duk na mutum ɗaya ne, in canji ne sosai a buga a Gazet, jaridar sanarwar gwamnati, sannan a kai wa masu gyara. Ku je da kanku, kada ku ba ɗan kan hanya kuɗi.

Ga masu jego kuma, rajistar haihuwa kyauta ce kafin yaro ya cika wata 12. Ranar suna, bayan liman ya raɗa, a samu mai boko a gidan ya rubuta sunan da manyan baƙaƙe a takarda, a ajiye cikin katin awo. Duk inda aka je a miƙa takardar, kada a faɗa da baki. A kuma lura da laƙabi. A farkon 2018 an yi ta cece-kuce da aka ce ba za a yi rajistar Nana da Nii da Maame ba don laƙabi ne, har aka janye. Mu namu Alhaji da Baba da Hajiya ne, yaro ya girma ya tarar sunansa na yanka bai shiga ko'ina ba.

Tunda an zo nan, bari in faɗi abin da ya daɗe yana damuna. Mun saba yanke Abdul mu bar rabin suna: Razak, Wahab, Basit, Fatawu, Kudus. Gwarzon ɗan ƙwallon Afirka na 1978, ɗan ƙungiyar Asante Kotoko, Karim Abdul Razak ne, amma Razak kowa ke cewa. Waɗannan sunayen Allah ne, mutum bawansu ne kawai, shi ya sa malamai ba sa son a kira su tsirara. Abdul shi kaɗai kuma maganar da ba a ƙarasa ba ce, bawan wa? A takarda dai a rubuta shi cikakke, a haɗe, kada kwamfuta ta raba ta mai da Abdul sunan yaro, Razak sunan ubansa.

TAMBAYA: Baba, ni yarinya ce daga Sawaba. Tunda nake ban taɓa jin mamata ta kira sunan babban yayanmu ba, sai ta ce "wannan yaron" ko "mai sunan Malam". Ko ba ta son sa ne?

AMSA: Jikata, tana son sa har ta rasa inda za ta sa shi. Wannan ita ce alkunya. Uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, a da ma ko wasa ba ta yi da shi a gaban mutane. Mace ba ta kiran sunan miji, sai Malam ko Alhaji ko maigida. In kuma yaro ya ci sunan kakansa, to duk gidan sun shiga uku, don ba surukar da za ta buɗe baki ta ce "Usmanu, zo nan" alhali sunan uban mijinta ne. Daga nan aka samu Abba da Baba da Babangida, mata kuma Ummi da Uwa da Iya. Filin wasanmu na Kumasi sunan ɗan ƙwallo Baba Yara yake ɗauke da shi, mutane ƙalilan ne suka san sunansa na yanka Osman Seidu.

Wasu sunayen suna tafe da abokin rakiyarsu. Abubakar Garba ne, Umaru Sanda, Usmanu Shehu, Yusufu Maitama, Musa Kallamu. A'isha Indo ce, Fatima Binta, Hauwa Kulu, Hadiza Dije. A zangunanmu wannan ya fara ɓacewa, har na ji matashi yana rantsuwa Garba da Abubakar sunaye biyu ne daban. Iyayen yanzu kuma suna kiran ɗan fari gatsau, wasu har da miji. Ban ce sun yi zunubi ba, amma kunnena bai saba ba.

TAMBAYA: Malam, aurena ya kusa. Angon ya ce in an ɗaura zan koma amsa sunan mahaifinsa, kamar yadda matan ofis suke yi. Dole ne?

AMSA: Ba dole ba ne, 'yata, ba dokar ƙasa da ta tilasta. Alƙur'ani a Suratul Ahzab, aya ta 5, ya ce a kira mutane da sunan ubanninsu. Matan Annabi ba wadda ta sauya: A'isha 'yar Abubakar ta zauna, Hafsa 'yar Umar, Safiyya 'yar Huyayyu. Matan Asante ma a gargajiyance ba sa ɗaukar sunan miji, da auren coci da na Bature abin ya shigo. Ki kuma karanta wahalar Hajiyar Nima a sama, ki lissafa takardu nawa za ki bi ki gyara. Faɗa masa da lalama, in ya ƙi ji, waliyyinki ya yi masa magana kafin a raba goro.

GAJERUN AMSOSHI

Mai tambaya daga Akwatia Line: Gambo shi ne wanda ya biyo tagwaye, namiji ko mace. Asante suna ce masa Tawia.

Mai ɗinki daga Alabar: Tanko namiji ne da ya zo bayan mata, Kande mace ce da ta zo bayan maza. Cindo mai yatsa shida ne. Audi wanda mahaifinsa ya rasu yana ciki. Sallau haihuwar ranar Salla, shi ne sunan Malam Sallau da ya yi Sarkin Zangon Kumasi a shekarun 1920.

Sabon uba daga Sabon Zango a Accra, mai neman sunan da ba kowa ke da shi ba, ya tsinto wasu a intanet: biyu daga cikin ukun da ka aiko ba Larabci ba ne, daɗin faɗa kawai gare su. Ba kuma kowace kalma da ke cikin Alƙur'ani ce ta dace da suna ba, akwai sunan Fir'auna a ciki. Na ukun, Asiya, yana da kyau in matar Fir'auna mumina ake nufi. Akwai wata kalmar mai kama da ita, mai ainun da sadi, ma'anarta mai saɓo, wadda Annabi ya canza wa wata ya mai da ita Jamila. A boko rubutunsu ɗaya ne. Kai wa liman ya rubuta maka da Larabci tun kafin ka sayi rago.